MABUƊIN MASALLACI A HANNUN WA? WAIWAYE KAN RIGINGIMUN AMANAR JAMA'A A ƘASAR KUDU

 A wannan fitowa mun ga ya dace mu ɗan waiwaya baya, mu duba wata tsohuwar cuta wadda ta daɗe tana cin ƙungiyoyin jama'a a nan Kudu tun kafin a haifi iyayenmu. Cutar kuwa ita ce rigima a kan wanda zai riƙe dukiyar jama'a, wato masallaci, da makarantar Islamiyya, da maƙabarta, da filin Idi, da rumfunan kasuwa, da asusun ƙungiya.

Duk wanda ya shekara goma a Kurmi ya san yadda abin yake tafiya. Za a yi karo-karo, mai goro ya kawo nasa, mahauci ya kawo nasa, mai gadi da ɗan dako su kawo abin da ya sawwaƙa, a sayi fili. Da yake an yarda da juna, sai a rubuta takardar ciniki da sunan wani dattijo guda, ya kai ta gida ya sa a ƙarƙashin akwati. Shekaru su shuɗe, Allah Ya yi wa dattijon nan rasuwa, fili kuwa ya yi daraja. Daga nan sai ka ji magada sun ce na babansu ne, tsohon kwamiti ya ce shi ne da iko, samari su kafa sabon kwamiti. Kafin ka ce kwabo, takardun ƙorafi biyu sun isa teburin Difi'o a mako guda, kowane ɓangare yana roƙon a ba shi 'yan sanda su kare shi daga ɗan'uwansa. Ranar Juma'a a wayi gari da motar 'yan sanda a ƙofar masallaci da ƙaton kwaɗo a jikin ƙyaure, lauyoyi kuma su gyara zama.

To, ba a kanmu aka fara ba. Maƙwabtanmu da muka tarar a ƙasar nan sun sha wannan ɗaci tun zamanin Turawa, kuma labarinsu yana nan a rubuce. Hausawa suka ce gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah.

YADDA MUKA TARA ABIN DA MUKE RIGIMA A KAI

Kakanninmu sun shigo ƙasar nan ta hanyoyi daban-daban. Waɗansu fatauci ya kawo su, suna gangaro da shanu suna haurawa da goro. Waɗansu kuwa ta hanyar ɗamara suka zauna, domin a 1863 Baturen nan Glover, wanda ya riƙe mulkin Ikko, ya ɗauki Hausawa ya kafa wata 'yar rundunar tsaro da aka riƙa kira Hausawan Glover, kuma a 1879 aka mai da ita rundunar 'yan sandan Hausa. Daga wannan tushe ne sojan Nijeriya da 'yan sandanta suke ƙirga asalinsu. A Badun kuma, a 1916 aka keɓe wa Hausawa unguwar Sabo, kuma a 1952 mutanen Sabo suka fara yin sallar Juma'arsu a cikin unguwarsu, kamar yadda Bature mai bincike Abner Cohen ya bayyana a littafinsa na 1969.

Abin lura a nan shi ne, baƙo ba ya da gandun gado a inda ya sauka. Duk taƙin ƙasar da zango ya mallaka, daga Agege da Idi-Araba har Sabon Shagamu da Ama Hausa ta Owerri, ko dai sarkin gari ne ya bayar, ko gwamnati ta keɓe, ko kuma gumin jama'a ne ya saya. Saboda haka kusan duk abin da muke tinƙaho da shi amana ce a hannun wani. A gida Arewa, in irin wannan magana ta taso akwai alƙali, akwai hakimi, akwai dattawan da suka san asalin kowace katanga. Tsarin mulkin 1999 ma ya ba Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ikon duba maganar waƙafi, amma jihohin ƙasar Yarabawa da na ƙasar Ibo ba su kafa irin wannan kotu ba. Ke nan rigimarmu Babbar Kotun Jiha take zuwa, inda ba a tambayar wa ya fi gemu, sai dai wa ya zo da takarda.

RUWAN FAMFON DA YA RABA MASALLACIN IKKO

Babbar rigimar da ta fi kowace shahara a tarihin Musulmin Kudu ita ce ta Babban Masallacin Ikko. A 1913 aka gama ginin masallacin, ginin da Musulmin gari suka haɗa ƙarfi suka yi, suna alfahari da shi. Ba a fi 'yan shekaru ana salla a ciki ba sai wuta ta tashi, kuma abin mamaki, daga maganar ruwa ta taso.

Tun a 1908 Gwamna Egerton ya kawo shawarar a sa wa mutanen Ikko harajin ruwan famfo. Mutanen gari suka ce ba su yarda ba, a ganinsu Turawa ne ke bukatar ruwan, su kuwa rijiyoyinsu sun ishe su. Aka ci gaba da aiki duk da haka, a 1915 Lugga ya buɗe ma'aikatar ruwa ta Iju, a 1916 kuma gari ya rikice da zanga-zanga a kan harajin. A wannan hali sai Babban Limamin gari, Liman Braimah, wanda Yarabawa ke kira Lemomu, ya goyi bayan gwamnati, tare da hamshaƙin attajirin nan Ali Balogun. Mafi yawan masu bin sa salla kuwa suna tare da Sarkin Ikko, Eleko Eshugbayi, wanda ke gefen masu ƙin haraji.

Nan fa Musulmin Ikko suka dare gida biyu, ɓangaren Lemomu da ɓangaren Jama'a. Da tafiya ta yi nisa sai maganar ruwa ta koma gefe, ainihin ciwon ya fito fili. Mutanen Jama'a suka ce liman yana tafiyar da al'amuran masallaci shi kaɗai ba shawara, suka nemi a rubuta ƙa'idojin da za su iyakance ikonsa. Liman bai amince ba. Suka ce sun tuɓe shi, shi kuma da magoya bayansa suka ce babu mai wannan iko. Kowa yana da hujjarsa a baki, amma babu wata rubutacciyar yarjejeniya tun ta ranar gini da za a buɗe a ce ga yadda ake naɗa liman, ga yadda ake sauke shi, ga mai riƙe kuɗi, ga mai riƙe mabuɗi.

A watan Nuwamba na 1919 Eleko ya amince da naɗin waɗansu mutum huɗu na ɓangaren Jama'a a muƙaman masallaci. Gwamnati ta ce ya shiga sharo ba shanu, ta janye amincewarta da shi, ta tsai da albashinsa, sai da Gwamna Clifford ya mai da shi daga baya. Ku duba fa, rigimar da ta fara a sahun salla ta kai ga girgiza gadon sarautar gari. 'Yan siyasa kuma ba su bar damar ta wuce ba. Herbert Macaulay ya rungumi ɓangaren Jama'a, kuma da ya kafa jam'iyyarsa ta NNDP a 1923, su ne suka zama ƙashin bayanta.

Magana ta je kotu, aka yi ta kai da kawowa. A ƙarshe ɓangaren Jama'a, da yake su ne masu rinjaye, su suka ci gaba da riƙe babban masallaci, Ali Balogun kuwa ya gina wani masallacin a 1925, ba nisa da na farkon. Amma zukata ba su haɗu ba sai a 1947, wato bayan kimanin shekara talatin. Yaron da aka raɗa wa suna a shekarar zanga-zangar ruwa, sai da ya yi aure ya haifi 'ya'ya kafin ya ga Musulmin garinsu sun sasanta. Tsohon ginin ma da aka yi ta rigima a kansa yanzu babu shi, an rushe an yi sabo wanda aka buɗe a 1988.

Darasin da ke ciki a fili yake. Ɓangaren Lemomu yana da gwamnati a bayansa, gwamnatin da ke da 'yan sanda da kurkuku da bindiga, amma duk wannan bai sa mutane sun koma bin limamin da zukatansu suka juya wa baya ba. Ɓangaren Jama'a kuma yana da yawa, amma yawan bai hana su asarar shekara talatin ba. Hukuma tana iya tsare ƙofa, ba ta iya tsai da sahu.

FILIN APAPA: SHUGABA MAI TSARO NE

A daidai wannan zamani aka yi wata shari'a da ta kamata kowane Sarkin Hausawa da kowane shugaban ƙungiya ya san da ita. A 1913 gwamnati ta karɓe wani makeken fili a Apapa. Filin yana ƙarƙashin wani basaraken Ikko mai sarautar Oluwa, sunansa Amodu Tijani. Gwamnati ta ce shi ba mai fili ba ne, iyakarsa karɓar ɗan abin gaisuwa daga masu noma, saboda haka ta yi masa tayin fam 500. Kotunan Ikko suka goyi bayan gwamnati. Oluwa bai haƙura ba, a 1920 ya hau jirgin ruwa zuwa Landan, Macaulay yana yi masa rakiya da tafinta, ya kai ƙara gaban majalisar alƙalan Sarkin Ingila, wadda a lokacin ita ce kotun ƙarshe ga duk ƙasashen da ke ƙarƙashin Ingila.

A watan Yuli na 1921 aka yanke hukunci. Alƙalan suka ce a al'adar ƙasar nan fili na al'umma ne, basarake yana riƙe da shi ne a madadin mutanensa, don haka dole a biya cikakkiyar diyya, kuma a raba ta ga waɗanda ke da haƙƙi a ciki. A ƙarshe fam 22,500 aka biya. Mutanen Ikko suka yi ta murna da waƙe-waƙe.

Wannan hukunci kaifi biyu gare shi. Ya hana gwamnati raina dukiyar al'umma, ya kuma hana shugaba ya ce tasa ce. Mu Musulmi ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Lokacin da Sayyidina Umar, Allah Ya ƙara masa yarda, ya samu gona a Haibara, ya mai da ita waƙafi bisa shawarar Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, da sharaɗin ba a sayarwa, ba a kyauta da ita, ba a gadonta. Ya kuma bayyana wanda zai kula da ita bayansa, wato 'yarsa Nana Hafsa. Ashe tun farko an koya mana abu biyu tare, keɓe dukiya domin Allah da kuma faɗin wanda zai riƙe ta. Mu sai muka riƙe na farkon muka saki na biyun.

SHEKARA GOMA SHA BIYAR A GABAN ALƘALI

Wani zai ce ai maganin abin shi ne rajista. Gaskiya ne, amma rajistar ma sai an yi ta da hankali. Misalin da za mu kawo daga maƙwabtanmu Kirista ne, kuma muna kawo shi da girmamawa, domin abin da ya ci Doma ba ya barin Awai.

Cocin nan na Celestial, masu fararen riguna da ke tafiya ba takalmi, Samuel Oshoffa ne ya kafa shi a Porto-Novo a 1947, ya kuma bunƙasa ƙwarai a Nijeriya. Suna da rajista, suna da amintattu, suna da kundin tsarin mulki na 1980. Sai dai kundin ya ɗora maganar magaji a kan shi wanda ya kafa cocin, cewa shi zai bayyana wanda zai gaje shi. A watan Satumba na 1985 Oshoffa ya rasu bayan haɗarin mota. Aka ɗora Alexander Bada a kan kujera, sai ɗaya daga cikin amintattun, Owodunni, ya garzaya kotu ya ce ba a bi kundi ba.

Daga Babbar Kotun Legas aka tafi Kotun Ɗaukaka Ƙara, daga nan aka wuce Kotun Ƙoli. Ba a gama ba sai a shekarar 2000, inda Kotun Ƙoli ta tabbatar da cewa naɗin bai bi tsarin mulkin cocin ba. 'Yan watanni bayan hukuncin, a watan Satumba na shekarar, Bada ya rasu. Shari'a ta ƙare amma rigima ba ta ƙare ba, domin bayansa cocin ya rarrabu, kowane ɓangare da nasa shugaban.

Ku lura da abin da alƙalai suka yi. Ba su tsaya auna wa ya fi tsoron Allah ko wa ya fi yawan mabiya ba. Kundin da mutanen suka rubuta da hannunsu suka buɗe, suka karanta musu. Inda kundin ya yi shiru, kotu ba ta da abin da za ta cike gurbin da shi. To, mu tambayi kanmu, kundin ƙungiyarmu, in ma akwai shi, me ya ce game da ranar da Sarki ko Liman ko ma'aji zai kwanta dama? Yawancin kundayen da muke gani kwafo su aka yi daga na wata ƙungiya a shagon mai buga takardu, ba wanda ya taɓa karanta su a gaban jama'a, balle a fassara su da Hausa.

'YAN SANDA: ABIN DA SUKE IYAWA DA WANDA BA SU IYAWA

Kai ƙarar ɗan'uwa wurin 'yan sanda shi ma tsohon abu ne. A 1929, da saɓani ya yi tsanani tsakanin Moses Orimolade da Abiodun Akinsowon, shugabannin ƙungiyar Kerubu da Serafu da aka kafa a Ikko a 1925, Orimolade ya rubuta mata cewa ta je ta kafa tata ƙungiyar, kuma ya sanar da Kwamishinan 'Yan Sanda. An samu zaman lafiya na ɗan lokaci, amma rabuwar ta tabbata, daga baya ma ƙungiyar ta yi rassa barkatai.

Aikin ɗan sanda a doka shi ne kare rai da dukiya, da hana tashin hankali, da kama mai laifi. In an yi barazanar zub da jini, ko an fasa asusu, ko an buga takardar jabu, wannan aikinsa ne, kuma babu laifi a kira shi, wajibi ne ma. Amma faɗin wane ne halattaccen amintacce, ko wa ke da fili, wannan ba hurumin caji ofis ba ne. Manyan kotunan ƙasar nan sun sha nanata cewa 'yan sanda ba masu karɓar bashi ba ne, ba kuma masu raba gardamar mallaka ba ne, har ma akan ci tarar wanda ya yi amfani da su ya sa aka tsare abokin rigimarsa.

Ko gwamnati ba ta tsira daga wannan ƙa'ida ba. A 1985, ana cikin shari'a tsakanin Cif Emeka Ojukwu da gwamnatin soja ta Jihar Legas a kan gida mai lamba 29 a titin Queen's Drive da ke Ikoyi, sai gwamnati ta tura mutane kimanin 150 ɗauke da makamai suka fitar da shi. A watan Fabrairu na 1986 Kotun Ƙoli, cikin alƙalanta har da Kayode Eso da Chukwudifu Oputa, ta yi wa gwamnati tatas, ta ce da zarar magana ta shiga kotu babu mai ikon ɗaukar doka a hannunsa, kowane ne shi. In gwamnan soja da dakarunsa bai ci riba da wannan hanya ba, ina ga sakataren ƙungiya da ya samo kurata huɗu da mota ɗaya?

Akwai kuma wani abu da ya shafe mu mu kaɗai, wanda masu gari ba su da damuwarsa. Mu baƙi ne, kuma mun san ranakun da muka nemi 'yan sanda da gaske. Mun tuna Shagamu a 1999, da Idi-Araba a 2002, da Mile 12 a 2016, da kasuwar Shasha ta Badun a 2021. A irin waɗannan ranaku, abin da ke ceton rayuka shi ne a ce zango yana da murya ɗaya, wadda in ta buga waya hukuma za ta ɗauka ta saurara. To, in Difi'o ya saba ganin takardu biyu masu hatimi iri ɗaya, kowace tana cewa ɗayar ta 'yan damfara ce, ran da wuta ta tashi wa zai kira? Wa zai zauna da sarkin gari a yi sulhu? Mutuncinmu a wurin hukuma kamar guzuri ne, in muka cinye shi a rigimar cikin gida, ranar tafiya sai mu tashi hannu rabbana. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma sau da yawa mai ƙwace filin zango yana zuwa ne a lokacin da masu shi suke can suna jiran lauya a harabar kotu.

ABIN DA DOKA TA TANADA

Tun a 1924 Turawa suka yi dokar da ta ba ƙungiyoyin addini da na al'umma damar yin rajistar amintattu, domin fili ya zauna da sunan ƙungiya ko da mutane sun mutu. A 1990 aka shigar da wannan tsari cikin Dokar Kamfanoni, aka kafa Hukumar Rajistar Kamfanoni, wato CAC. A watan Agusta na 2020 Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu a kan sabuwar dokar da ta maye gurbin ta 1990, kuma ita ake aiki da ita.

A taƙaice ga yadda abin yake. In ƙungiya ta yi rajista, amintattunta sun zama kamar mutum guda a idon doka, mai suna, mai hatimi, wanda ba ya mutuwa. Da wannan suna ake sayen fili, da shi ake buɗe asusun banki, da shi ake kai ƙara ko a kare ta. Kafin a ba da takardar rajista sai an buga sanarwa a jarida, a ba da kwana 28 ga mai ƙorafi. Haka nan in za a canja amintacce, sai an yi taro, an rubuta abin da aka zartar, an sanar da hukuma, an buga a jarida. Yaro ba ya zama amintacce, haka mai taɓin hankali, haka wanda kotu ta tabbatar ya karye da bashi bai farfaɗo ba, haka wanda aka kama da laifin zamba cikin shekara biyar da suka wuce. Ana kuma bukatar a riƙa kai wa hukuma rahoto a kai a kai. Dokar 2020 ta zo da wani sashe, na 839, a kan dakatar da amintattu da naɗa masu riƙon ƙwarya in an samu almundahana, sashen da ya jawo ka-ce-na-ce daga shugabannin addinai har aka kai shi kotu.

Game da fili kuwa, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa duk ƙasar jiha a hannun gwamna, shi ma a matsayin mai riƙon amana. Saboda haka 'yar takardar cinikin da aka rubuta a gaban shaidu ba ta wadatar ba, sai an bi ta an samu shaidar mallaka ko amincewar gwamna, kuma da sunan ƙungiya, ba da sunan Alhaji wane ba, kome amincinsa.

SAURA GARE MU

'Yan'uwa, ba mun kawo wannan tarihi don mu nuna wani da yatsa ba ne. Dattawan da suka riƙe mana takardu a ƙarƙashin akwati sun yi ne da kyakkyawar niyya, a lokacin da ba mai boko a cikinmu, kuma da yawansu sun cika daga aljihunsu ba tare da sun gaya wa kowa ba. Allah Ya saka musu da Aljanna. Amma alherin da za mu yi musu shi ne mu sauke musu wannan kaya tun suna raye, kada a bar 'ya'yansu da jarrabawar da ta fi ƙarfinsu.

Shawararmu ga kwamiti da majalisar Sarki ita ce, a zauna a lissafa duk abin da zango ya mallaka, a nemo takardar kowanne, a ga sunan wa ke kai. Wanda ke da sunan mutum guda, a roƙe shi da girma da arziki ya mai da shi sunan ƙungiya a gaban shaidu. A duba takardar rajistarmu, a ga amintattu nawa ne suke raye, a cike gurbin waɗanda suka rasu ta hanyar da doka ta ce. A fassara kundinmu da Hausa, a karanta shi bayan sallar Juma'a, a gyara inda ya yi shiru a kan naɗi da saukewa da gado. Kuɗi kada ya fita sai da sa hannun mutum biyu ko uku, kuma a karanta lissafi a bainar jama'a kowace shekara. Daɗin daɗawa, a rubuta a cikin kundin cewa duk saɓanin da ya taso sai an fara kai shi gaban kwamitin sulhu na malamai da dattawa, kafin wani ya taka zuwa caji ofis ko kotu.

Mai cewa rubutu alamar rashin yarda ce, ya tuna ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi ta sauka, kuma ga Sahabbai aka fara karanta ta. Aya ta 58 a Suratun Nisa'i kuma, wadda ta yi umarni da mai da amana ga masu ita, malaman tafsiri da yawa sun danganta saukarta da mabuɗin Ka'aba, wanda aka mayar wa Usmanu ɗan Ɗalha ranar buɗe Makka. Ashe maganar mabuɗi ba ƙaramar magana ba ce.

Musulmin Ikko sun biya shekara talatin kafin su gane, maƙwabtanmu na Celestial sun biya goma sha biyar. Mu an ba mu darasin kyauta, rigakafi kuwa ya fi magani. Muna roƙon duk wanda ke riƙe da wata takarda ta jama'a, ko ya san inda take, ya zo da ita taron ƙungiya mai zuwa.

Allah Ya haɗa kanmu, Ya zaunar da mu lafiya da masu masaukinmu, Ya jiƙan magabatanmu da suka kafa mana wannan zango, Ya ba mu ikon sauke amana. Amin summa amin. Wassalamu alaikum.